Ranar da Auta Ta Ce Babu Amsa

Akwai wani mai gyaran firji da fanka da injin wanki, wanda kowa a layinsu yake kira Ba-Gagara.

Shagonsa ɗan ƙarami ne, a matse tsakanin na mai walda da na tela. In ka leƙa ciki sai ka rantse asibitin kayan wuta ka shiga: fankoki a rataye ba fukafukai, firji a jingine da bango baki buɗe, wayoyi ja da baƙi ko'ina. Abin da sauran masu gyara suka ce ya mutu a jefar, shi ake kawo wa. Sai ya zagaya abin a hankali, ya kara kunne, ya ɗan ƙwanƙwasa shi da gindin sukudireba, ya ce, "Wa ya ce maka ya mutu? Barci yake yi."

Kuma a faɗi gaskiya, hannun mutumin nan yana da albarka. Matsalarsa ɗaya ce: ya tsani kalmar "babu". In ka ce masa abu ba zai yiwu ba, kamar ka zage shi ne.

'Ya'yansa maza duk sun girma sun kama gabansu. Wadda ta rage a gida ita ce Auta, 'yar aji uku a sakandare, siririya, marar yawan magana, amma in aka zo lissafi ba a haɗa ta da kowa a makarantarsu. Shi Ba-Gagara daga firamare ya tsaya. Lissafin da ake cusa x a ciki bai san kansa ba. Wannan bai hana shi kiran 'yarsa Injiniya ba, tun tana rarrafe tana kwashe masa ƙusoshi.

Wata rana Auta ta kawo takardar gwaji gida. Duk shafin alamun daidai ne, sai tambaya ɗaya da ta bari ba ta taɓa ba. Uban bai ko kalli waɗanda ta ci ba. Yatsarsa ta tafi kai tsaye kan wurin da ta bari.

"Wannan fa?"

"Baba, ban gane ta ba. Ban so in rubuta abin da ban tabbatar ba."

"Wanda ya saka tambayar mahaukaci ne? Ai amsarta na aljihunsa! 'Yar Ba-Gagara ba ta dawo da fili a takarda. Ki rubuta ko mene ne."

Matarsa tana ninke kaya a gefe. Ba ta ɗago kai ba ta ce, "Ko da ƙarya ce, Baban Auta?"

"Ke dai ninke kayanki. Maganar injiniyoyi ake yi."

"To, Allah ya ba injiniyoyi haƙuri. Amma kana tsorata yarinyar nan."

Auta ta karɓi takardarta ta shige ɗaki. Amma maganar ta zauna mata a rai.

Ana nan sai aka shirya gasar lissafi tsakanin makarantu. Wanda ya zo na ɗaya za a ba shi kofi, sannan a ba shi gurbi kyauta a babbar makarantar kimiyya, wadda iyaye ke kai gwauro su kai mari ba su samu ba. Auta ta dinga tsallake zagaye ɗaya bayan ɗaya, har ta kai na ƙarshe.

Jama'a, a makon nan babu wanda ya huta a layin. Wanda ya kawo fanka sai ya ji labarin gasa. Wanda ya zo tambayar hanya ma sai ya ji. Tela har toshe kunne ya fara yi da ƙyalle.

"An gama ai," in ji Ba-Gagara. "Kofin nan gidana zai kwana. Babu tambayar da za a yi wa Injiniya ta rasa amsarta. Jini ne, ba koyo ba."

Ranar gasa ya yi abin da bai taɓa yi ba: ya rufe shago a ranar aiki. Ya sa kayansa da ba ya sawa sai da dalili, ya goge baƙin mai daga farcensa har fatar ta yi ja. Matarsa ta ce ita zuciyarta ba za ta ɗauka ba, su je su dawo mata da labari. Sai ya ɗauki amininsa Mai Walda a bayan babur, don a samu shaida.

Babban ɗakin taro ne, cike maƙil. An jera kujerun roba, an ware na gaba don iyayen waɗanda suka kai ƙarshe. Saboda yawan jama'a har waje aka kafa lasifika, a jikin ƙofa, don waɗanda ba su samu wurin zama ba. Ba-Gagara ya zauna ya harɗe ƙafa, ya ɗaga kai ya kalli wata fanka da ke ƙara a sama.

"Waccan ba ta da sauran kwana," ya raɗa wa Mai Walda.

"Don Allah yau ɗaya ka bar fanka ta sha iska."

Aka fara. Yara suka dinga faɗuwa ɗaya bayan ɗaya, har aka rage biyu: Auta, da wani dogon ɗalibi mai saurin hannu daga wata makaranta. Duk tambayar da aka jefa, su biyun sai su cafke. Duk lokacin da Auta ta ci, Ba-Gagara sai ya juya ya gaya wa na bayansa, "'Yata ce." Har na bayan suka haddace, suna riga shi faɗa.

Suka yi kunnen doki. Saura tambaya ɗaya.

Shugabar alƙalai wata dattijuwa ce mai tabarau, maganarta a hankali. Ta sa aka kawo alluna biyu, aka sa labule a tsakaninsu yadda yaran ba za su ga aikin juna ba, amma jama'a na ganin duka. A kan kowanne aka rubuta:

4(x + 2) = 4x + 5

"Ku nemo x," in ji ta.

Ba-Gagara ya saki murmushi. 'Yar gajeriyar tambaya haka? Ai waɗanda suka wuce sun fi ta tsawo sau uku.

Dogon ɗalibin bai ɓata lokaci ba. Ya ja layi biyu, ya rubuta x = 3, ya ja masa layi a ƙasa, ya ajiye alli ya ɗaga hannu. 'Yan makarantarsu suka ɓarke da tafi.

Auta ta ninka abin da ke cikin bakan lissafin da huɗu, ta rubuta 4x + 8 = 4x + 5. Ta cire 4x daga hagu, ta cire daga dama. Sai ta tsaya.

Abin da ya rage a allonta shi ne 8 = 5.

Ta goge da tafin hannu ta sake daga farko. Takwas, biyar. Ta sake gogewa, ta bi a hankali tana motsa leɓe. Takwas, biyar. X ɗin da aka ce ta nemo ya ɓace gaba ɗaya.

Gumi ya karyo wa Ba-Gagara. Bai san x ba, amma ya san takwas ba biyar ba ce. Ya tabbata 'yarsa ta ɓata hanya.

Nan Auta ta juyo ta kalli ubanta. Kallo ɗaya. Shi kuwa ya ɗaga hannu yana kwaikwayon rubutu a iska, yana zare ido, leɓensa na cewa, "Rubuta! Ko mene ne!"

Ta juya ga allo. Ta ji tafin da aka yi wa abokin karawarta, ta san ya rubuta lamba. Kuma ga lambobi nan a gabanta, takwas da biyar, kowa ya san abin da ke tsakaninsu. Ta ɗora allin ta daɗe ba ta motsa ba.

Sannan ta rubuta kalmomi biyu, manya: BABU AMSA.

Ɗakin ya ɗauki guna-guni. Wani daga baya ya fashe da dariya, wasu suka taya shi. Wani ya ce, "Ta sare!"

Dattijuwar ta matso da abin magana. "'Yata, karanta mana abin da kika rubuta."

"Babu amsa." Muryar da ƙyar ta fito.

"Abokin karawarki ya samu uku. Ke kin ce babu. Ina ba ki dama ki goge ki sake. Kin tabbata?"

Ba-Gagara bai san lokacin da ya miƙe ba. "Injiniya! Sake dubawa!"

Duk ɗakin ya juyo. Wani mai kula da taro ya zo ya dafa shi. "Malam, a zauna don Allah, ba a taimaka wa ɗalibi." Mai Walda yana jan rigarsa ta baya.

Auta ba ta kalle shi ba wannan karon. Idonta ya kawo ruwa, amma ta ɗaga kai ta ce, "Na tabbata, Malama."

Shi ke nan. Ba-Gagara ya fizge rigarsa daga hannun Mai Walda, ya ratsa tsakanin kujeru yana take ƙafafun mutane, ya fice. A ransa yana ta nanatawa: a gaban jama'a! 'Yata ta cikina ta tsaya a gaban jama'a ta ce babu! Me zai gaya wa tela? Da wane baki zai buɗe shago gobe?

Ya isa inda ya ajiye babur, ya hau, ya buga. Shiru. Ya sake bugawa. Shiru. Mutumin da ke tayar da matattun injina, ga nasa ya ƙi tashi. Yana cikin bugawa da huci sai lasifikar jikin ƙofa ta yi ƙara, muryar dattijuwar ta fito tar.

"Ɗana, ka ce x uku ne. Mayar da ukun cikin tambayar mu gani. Hagu nawa ya ba ka?"

"Ashirin," in ji dogon ɗalibin.

"Dama fa?"

"Sha bakwai."

"Sun zo ɗaya?"

"A'a, Malama."

Ƙafar Ba-Gagara ta tsaya a kan abin bugawa.

"To, 'yata, ke gaya mana dalilinki."

Sai ga muryar Auta ta cika harabar, har masu sayar da ruwa a bakin ƙofa suka juyo. "Malama, 4x ɗin da ke hagu shi ne a dama. Da na cire su, sai aka bar ni da takwas daidai da biyar, kuma wannan ƙarya ce. Ko wace lamba aka sa a wurin x, hagu zai fi dama da uku. Don haka babu lambar da za ta daidaita su. Ba wai na kasa nemo ta ba ne. Babu ita ne."

"Da gangan muka saka wannan tambayar," in ji dattijuwar. "Masu sauri muna da su da yawa. Muna neman wanda zai ga gaskiya ya tsaya a kanta, ko ɗaki guda na yi masa dariya. Ga wadda ta ci gasar bana."

Tafin da ya tashi har tsuntsayen kan rufi ya kora.

Ba-Gagara yana zaune a kan babur kamar an dasa shi. Gashin jikinsa ya miƙe. Bai gama dawowa hayyacinsa ba, lasifikar ta sake magana.

"Ina mahaifin yarinyar nan? Shi muke so ya miƙa mata kofin da hannunsa."

Shiru.

"Mahaifinta ko mahaifiyarta, a fito don Allah."

Ya so ya sauka, kunya ta hana shi. Kowa a ɗakin nan ya ga fitarsa. Kowa ya ji ihunsa.

Sai ga Mai Walda ya fito a guje, takalmi ɗaya a ƙafa ɗaya a hannu. "Kai! Kai ake kira! Me kake yi a nan?"

"Da wane ido zan shiga?"

"Da waɗanda ka fito da su! Sauko!"

Ya ja shi kamar ɗan makarantar da ya gudu. Amma kafin su kutsa cikin cunkoson bakin ƙofa, an gaji da jira. Malamar lissafin Auta ce ta miƙa mata kofin. Ita ce a gefenta lokacin da masu hoto suka haska. Ba-Gagara daga can baya ya hango 'yarsa riƙe da kofi, kowa na tafi, ita kuma idonta na kan kujerar gaba, wadda ba kowa a kai.

Wannan kallon, ya ce har ya mutu ba zai manta da shi ba.

Da ta hango shi, sai ta sauko ta ratsa mutane ta zo gabansa. Ta rusuna ta miƙa masa kofin da hannu biyu.

"Baba, ka yi haƙuri. Na nema, wallahi na nema. Na so in rubuta ko mene ne kamar yadda ka ce, hannuna ya ƙi."

Jama'a, yarinyar da ta ci gasa ce take ba da haƙuri.

Ba-Gagara ya tsura mata ido. Mutumin da ba a taɓa ganin hawayensa ba ya sa hannun riga yana goge fuska. Ya ɗago ta.

"Tashi, Injiniya. Ni zan ba ki haƙuri. Da kin bi maganata, da yanzu muna hanyar gida hannu Rabbana. Allah ya yi miki albarka da kika ƙi."

Dattijuwar ta iso wurinsu tana duban sa ta saman tabarau. "Kai ne mai 'sake dubawa'?"

"Ni ne, ranki ya daɗe," ya ce, kansa a ƙasa.

"Ai ta duba, Malam. Sai da ta gama dubawa ta yi magana. Ka riƙe yarinyar nan da kyau."

A wajen babur, Mai Walda ya leƙa ya ƙyalƙyale da dariya har da riƙe ciki. "Babban injiniya, makulli ne ba ka murɗa ba!"

"Ka rufa mini asiri."

"Wallahi sai tela ya ji."

Mai Walda ya bi motar haya. Auta ta hau bayan ubanta rungume da kofi. Ba-Gagara ya ƙi bin gajeriyar hanya. Ya bi ta babban titi, a hankali, yana danna oda ba gaira ba dalili.

Ba gida suka fara zuwa ba. Ya buɗe shago, ya share kujerar da yake zama, ya ce ta zauna. Shi ya tsuguna a ƙasa.

"Yanzu fahimtar da ni. Ba da x ba, da abin da zan gane."

Auta ta duba shagon. Ta jawo tsohon sikelinsa mai faranti biyu, da ƙananan gwangwanayen da yake zuba ƙusoshi. Ta ɗora gwangwani huɗu a hagu, huɗu a dama, duk iri ɗaya. Ta ƙara ƙusa takwas a farantin hagu, biyar a na dama. Hagu ya rinjaya.

"To Baba, ka zuba ƙusoshi a gwangwanayen nan yadda kake so. Sharaɗi ɗaya ne, kowane gwangwani ya samu daidai da ɗan'uwansa. Ka daidaita mini sikelin."

Ba-Gagara ya naɗe hannun riga. Ya zuba uku-uku. Hagu ya rinjaya. Ya zuba goma-goma. Hagu ya rinjaya. Ya juye duka ya bar su wayam. Hagu dai. Ya leƙa ƙarƙashin sikelin, ya hura masa iska, ya ƙwanƙwasa shi.

"Sikelin lafiyarsa ƙalau, Baba."

"Ko na cika su da dubu?"

"Ko miliyan. Abin da ka ƙara a nan, shi ka ƙara a can. Ukun nan ba inda za su je."

Ya daɗe yana kallon farantan. Can sai ya girgiza kai, dariya ta kufce masa.

"Kai! Ashe babun ma sai an sha wahala ake gano ta."

Zuwa lokacin labari ya zaga layi. Matarsa ta iso da mayafi a karkace, ta rungume Auta tana guɗa, ta harari mijin ta gefen ido. Ya ce, "Na sani, Maman Auta, na sani. A bar shi sai mun je gida." Maƙwabta suka taru a ƙofar shago, ana karɓar kofi hannu zuwa hannu.

Tela ya fito da almakashi a hannu. "To Ba-Gagara, mun ji an ci. Wace irin tambaya ce ta ƙarshen?"

"Tambaya ce da ta kayar da ɗaki guda. Har da ni."

"Har da kai? To nawa ce amsar?"

Ba-Gagara ya miƙe tsaye. Ya gyara wuyan riga, ya turo ƙirji, ya dafa kafaɗar 'yarsa, ya ɗaga murya yadda har na ƙarshen layi sai da ya ji.

"Babu! Kuma duk ɗakin nan, 'yata ce kaɗai ta iya faɗa."

Darasi: Ba kowace tambaya ke da amsa ba, kuma wanda ya bincika iya ƙarfinsa ya ce "babu" ya fi wanda ya ƙirƙiro ƙarya don kada a yi masa dariya. Iyaye, kada girman kanmu ya koya wa 'ya'yanmu tsoron faɗin gaskiya, kuma kada mu juya musu baya tun ba mu ji dalilinsu ba. Ku tura wannan labari ga duk uba da uwar da kuka sani, wataƙila akwai wata Auta a gidansu da ke jiran a saurare ta.